Kafin a Kwashe Kayan Ɗakin Inna

Godiya ta tabbata ga Allah da ya ara mana rai, ya kuma ɓoye mana ranar da zai karɓi abinsa. Tsira da aminci su ƙara tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa. Bayan haka, wannan tunatarwa ce ga 'yan'uwana mutanen Gaya da Ajingi, na gida da na waje: mai riƙe da fartanya a Kademi ko Toranke, da mai sauke buhun albasa a kasuwar Mil 12 ta Legas, da wanda karatu ko aiki ya tsallakar da shi teku.

Barin gida ba sabon abu ba ne a wurinmu. Ruwayar da aka gada kaka da kakanni ta ce wani maƙeri mai suna Kano ya tashi daga Gaya yana neman tama, ya yi ta tafiya har ya sauka a gindin dutsen Dala, ya kafa maƙerarsa, kuma daga gare shi birnin ya sami suna. Har yau akwai zuriyar da ake kira Abagayawa a cikin birni, masu danganta kansu da waɗannan maƙera. Masu haƙar tarihi sun tono ragowar wuraren narka ƙarfe a Dala waɗanda aka ƙiyasta tun ƙarni na 7 na Miladiyya suke. A labarin Bayajidda ma a Gaya ya ya da zango, maƙeran garin suka ƙera masa wuƙar da ya je ya kashe macijiyar rijiyar Kusugu a Daura. To, dubi abin da bakin mutane ya riƙe game da wanda birni guda ya ci sunansa: suna, da sana'a, da garin da ya baro. Kamanninsa, da muryarsa, da sunan mahaifiyar da ya yi wa sallama ranar da zai tafi, duk ƙasa ta rufe. In wannan ne rabon wanda ya bar wa duniya Kano, ni da kai me muke tsammani?

Abin da ya ja hankalina ga wannan magana aikin wata baiwar Allah ne 'yar Arewa, wadda ita ma sana'ar hannu ta fitar da ita daga gida. Sunanta Fatimah Tuggar. An haife ta a Kaduna a 1967, ta fara karatun zane a Landan, sannan ta haye Amurka, ta sami digirin farko a makarantar fasaha ta Kansas City a 1992, na biyu kuma a Jami'ar Yale a 1995. Ta koyar a jami'o'in Amurka da Kanada, a 2019 kuma ta sami tallafin Guggenheim, wanda ba kowane mai fasaha ake ba ba. Mace mai irin wannan matsayi, duk kayan aikin da take so a duniya za ta samu. Amma in ka duba abin da ta shafe shekaru kusan talatin tana juyawa a hannunta, sai ka ga kayan ɗakin iyayenmu mata ne: faifai, tsintsiya, ƙwarya.

A 1996 ta ɗauki garmaho, ta cire faifan waƙa, ta ɗora faifan kaba irin na rufe fura. A 2010 ta sake gina wannan tunani a aikin da ta kira Fai-fain Gramophone, inda faifan kaba ke juyawa, muryar Hajiya Barmani Coge ta Funtuwa tana tashi da kiɗan ƙwarya. Ta yi tsintsiya da ta sa wa na'ura mai fitar da ƙarar shara. Ta haɗa hotunan matan Arewa a tsakar gida da hotunan ɗakunan girkin Turawa a cikin kwamfuta, har ido ya kasa gane inda wannan duniya ta tsaya da inda waccan ta fara. A wani hoton da ta haɗa a 1997, mace ce zaune a ƙasa, ga waya ga kwamfuta a gabanta, a fuskar kwamfutar kuma hotonta ne ke maimaita kansa yana ƙanƙancewa har ya ɓace wa gani. A 2019 gidan adana kayan fasaha na Davis da ke Kwalejin Wellesley kusa da Boston ya baje ayyukanta a kan tambaya guda: mene ne gida? A 2024 kuma tana cikin mutum takwas da suka wakilci Nijeriya a babban baje kolin fasaha na birnin Benis ta Italiya, karo na 60, wanda aka yi wa taken baƙi a ko'ina. Abin da ta kai can ƙwarya ce, ta haɗa ta da fasahar zamani.

Masana sun fi kallon aikinta ta fuskar na'ura da yadda take shiga rayuwar mutane, da matsayin aikin mace a gida. Suna da gaskiyarsu. Hukuncin hoto da zanen mai rai kuma fage ne na malamai, kowa ya san ƙofar malaminsa. Abin da nake so mu ɗauka daban ne. Me ya sa sai wanda ya yi nisa yake ganin darajar abin da mu muke tsallakewa kullum a tsakar gida? Amsar ita ce nisa yana koya wa mutum tun yana raye darasin da mutuwa ke koya wa kowa a ƙarshe: gidan da ka sani aro ne, mutanen cikinsa aro ne, kai kanka aro ne. Wanda ke gida yana ganin Inna kullum, sai zuciya ta raya masa cewa haka za a dawwama. Wanda ke waje yana dawowa bayan shekara uku ko biyar, ya tarar an sare darbejiyar ƙofar gida, an rushe zauren ƙasa an ɗora bulo, tsofaffin da ke zama a dakali sun ragu da biyu. Yana ganin tafiyar zamani a dunƙule, mu muna ganinta a warwatse, shi ya sa ba ta firgita mu.

Duk wanda ya taso a Balare ko Shagogo ya ga yadda ake ɗinkin faifai. Tsohuwa ta gama aikin rana, ta zauna a inuwa, ta jiƙa kaba ta yi laushi, wani sashe an rina shi ja, wani kore. Ta tattara siraran tsinkaye ta murɗa, ta fara daga cibiya, tana huda da basilla tana zura kaba tana ja da ƙarfi, zagaye bayan zagaye. Ba ta auna komai da ma'auni, ido da yatsa ne ma'auninta. Da wannan faifai za a yi bakace, a rufe ƙwaryar fura, a fifita tuwon yaro, a kai wa amarya cikin jere. Rayuwar ɗan Adam haka take: daga cibiya ake farawa, kowane zagaye yana ƙara nisanta ka da inda ka fito, kuma mai ɗinkin ne kaɗai ya san zagayen da zai naɗe baki a kansa. Wani faifan babba ne, wani ɗan murfin kofi ne, duk an gama su.

Yanzu ka tuna abin da ke faruwa a ɗakin irin wannan tsohuwa bayan an yi sadakar arba'in. 'Ya'ya da jikoki sun taru, an kira malami don rabon gado. An lissafa gona, da awaki, da ɗan kunnen zinare in akwai. Sai a zo kan kayan ɗaki. A sauko da kwalla da langa da tasoshin da aka jera tun ranar aurenta, a zazzage adudu, a fito da akushin da maigida ya ci tuwo a ciki shekara arba'in. Matasan mata su dubi juna, kowa tana da kula da robobi a ɗakinta. A ce a ba maƙwabta, ko a zuba a tsohon rumbu. Damina biyu, gara ta gama da faifan, ƙwaryar ta tsage, ludayin yara sun yi wasa da shi. Ba a nan asarar take ba, domin kaba da duma dama ba a yi su don su dawwama ba. Asarar ita ce babu wanda ya taɓa zama ya tambaye ta wa ya koya mata, daga wane gari aka kawo kakarta, wace shekara aka yi yunwar da take yawan ambato, wa take bi bashi, wa ke binta, wa ta yi wa alkawarin da ba ta cika ba. An binne ta da amsoshin duka.

Abin da mai fasaha a ƙasar waje take ƙoƙarin cetowa ke nan, kuma ƙoƙarin abin yabo ne. Amma mu faɗa wa juna gaskiya: iyakarsa a kusa take. Barmani Coge ta rasu a watan Maris na 2013, shekara uku bayan an sa muryarta a wancan aiki. Muryar tana iya tashi a ɗakin baje koli a Amurka, Turawa su tsaya su saurara, amma mai muryar tana kabarinta, kuma tafin da za a yi a can ba ya isa inda take. Abin da ke isa gare ta addu'ar 'ya'yanta ce da alherin da ta gabatar. Hoto yana riƙe fuska, ba ya riƙe rai. Gidan tarihi yana tsare ƙwarya daga gara, ba ya tsare mai ƙwaryar daga Mala'ikan mutuwa. Wayoyinmu cike suke da hotunan mutanen da muka riga muka sallata, kuma wata rana namu hoton wani zai ɗora a Facebook ya rubuta Allah ya jiƙan rai a ƙasa, mutane su danna su wuce.

Akwai wata mai fasahar da aikinta ya fi kusa da abin da nake nufi. Otobong Nkanga, an haife ta a Kano a 1974, ta taso a Legas, yanzu tana zaune a Antwerp ta ƙasar Beljiyam. A wani aiki da ta yi a 2012, ta shirya tebur ta zauna, baƙo ya zo ya zauna a gabanta, a fasa goro, a ci tare, a yi hira a kan goron da hanyoyin da ya bi a duniya. In baƙon ya tashi, wannan zama ya wuce, ba a rataya shi a bango ba. Mu da kakanninmu fatake suka yi watanni a hanyar Gwanja don goro, mun san abin da take nufi ba sai an fassara mana ba. Goro uzuri ne, zaman shi ne magana. Wanda ya zauna da kai ya saurare ka ya ba ka abin da ba ya sayuwa, domin ya yanko daga kwanakinsa ƙidayayyu ya miƙa maka. Wannan fasaha kowa yana iyawa, kuma ita ce muka fi sakaci da ita.

Ɗan'uwana da ke waje, na san kalmomin, domin kullum ana jin su a waya. "Bari in ɗan tara." "Sai takarduna sun fito." "Bari in rufa ginin nan tukuna." "Da babbar Sallah in Allah ya yarda." Ba ƙarya kake yi ba, niyyarka ke nan, kuma kuɗin da kake aikowa su ne magani da taki da kuɗin makarantar ƙanne. Allah ya saka maka. Amma ka san yadda muke jana'iza. In rai ya yi halinsa da asuba, kafin hantsi ya dubi ludayi an yi wanka, an yi sutura, an sallata, an kai. Lokacin da ake jera sahu a ƙofar gida a Gaya, a gabashin Amurka dare ne, kana barci. Ka farka ka tarar da kira goma da ba ka ɗauka ba. Ka kira, yayanka ya ce, "Ka yi haƙuri, jikin Inna ne ya tashi da daddare." Ka ce a kai ta asibiti, yanzu za ka turo kuɗi. Ya yi shiru, sannan ya ce, "Sai haƙuri, mun dawo daga kai ta." Wanda ke Legas ma, tafiyar kwana guda a mota, sau da yawa zaman makoki kawai yake tararwa. Abin da ya fi ciwo kuma sai daga baya wata gwaggo za ta faɗa masa a hankali: "Ta yi ta tambayarka."

Kuma ba lallai na gida ne zai riga tafiya ba. A ƙarshen Suratu Luƙman Allah ya sanar da mu cewa sanin ƙasar da rai zai mutu a cikinta ba ya hannun kowa sai shi. Tarihinmu shaida ne. Bayan yaƙin Burmi a watan Yuli na 1903, inda Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya ya yi shahada, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja ragowar jama'a suka yi gabas, suka zauna a bakin kogin Nilu a Sudan, a garin da har yau ake kira Mai Wurno. Kafin su da bayansu, alhazan ƙafa sun bar ƙasar Hausa da niyyar su sauke farali su dawo, suna noma a hanya suna ci gaba, shekara ta zama goma, goma ta zama rayuwa. Jikokinsu suna can suna jin Hausa, kaburburan kakannin suna can. A zamaninmu kuma hamadar da ke tsakanin Agadas da Libiya da tekun Bahar Rum sun ci samarin da suka fita da alkawarin gina wa iyaye gida. Hausawa sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Ba zagi ba ne ga matafiyi, bayani ne: gida ba ya tsayawa cak yana jiran ka, kai ma ba a ba ka takardar tabbacin komawa ba.

Imamu Bukhari ya ruwaito cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya dafa kafaɗar Abdullahi ɗan Umar ya yi masa wasiyya da ya yi zaman duniya irin na baƙo ko mai wucewa a hanya. Wanda ya taɓa zaman baƙunta ya fi kowa gane wannan wasiyya. Baƙo ba ya sayen abin da ba zai iya ɗauka ba. Yana kiyaye dokar masu gari, yana lissafin kwanakin bizarsa, zuciyarsa tana inda zai koma. Ɗan Ajingi da ke Jidda ko Landan ya san wannan hali a jikinsa. Abin da ya rage masa shi ne ya gane cewa ko ya dawo Ajingi baƙuntar ba ta ƙare ba. Wanda kuma bai taɓa wuce Wudil ba, shi ma baƙo ne a ɗakin da aka yanke masa cibiya. Imamu Muslim ya ruwaito daga Abu Huraira cewa aikin mutum yana yankewa da mutuwarsa, in ban da sadaka mai gudana, da ilimin da ake amfana da shi, da ɗa nagari mai yi masa addu'a. Wannan shi ne kayan da ake wucewa da su. Sauran duk a bakin kabari ake sauke su.

Saboda haka ga abin da nake roƙon mu da shi, tun ana ganin juna.

Kai da ke nesa, kada ka bar kuɗi su zama wakilinka a komai. Kuɗi suna sayen magani, ba sa gaisuwa. Ka kira mahaifiyarka ba don an ce ba ta da lafiya ba, ka bar ta ta yi maka labarin akuyar da ta haihu da rikicin maƙwabta har katinka ya ƙare. In hali ya samu ka zo, kada ka jira sai ginin ya kai linta, zumunta a ƙafa take. Ka nemi gafararta da ta mahaifinka da bakinka, yau, ba ranar da za a kara musu waya a kunne ba su iya amsawa ba. Ka rubuta wasiyyarka, da bashin da ke kanka, da amanar da ke hannunka, ka sanar da wani amintacce inda takardar take. Ka koya wa 'ya'yan da ka haifa a can Hausa da karatun sallah da sunayen kakanninsu, domin wanda bai san sunanka ba ba zai ambace ka a addu'a ba.

Kai da ke gida, kada ka jira sai wani ya ɗauki ƙwaryar kakarka ya kai Turai kafin ka san tana da daraja. Tsofaffin nan da ke zaure da tsakar gida ba za su daɗe ba. Ka sayi goro ka je ka zauna. Wayar da ke aljihunka tana ɗaukar murya, ka nemi izininsu ka ɗauka, ko ka sami littafi ka rubuta. Ka tambayi asalin gidanku, da iyakar gonaki, da dangin da suka yi gabas ba su dawo ba. Rigingimun gado nawa ne a kotunanmu da hira ɗaya da tsoho kafin ya rasu za ta kashe su? Ka je maƙera ka ga yadda ake zuga wuta, a ɗora jan ƙarfe a kan uwar maƙera a sauke masa masaba, ka kai ɗanka ya gani, domin sana'ar da ta fitar da sunan Gaya ke nan. Kuma ka sassauta wa ɗan'uwanka na waje. Ba duk wanda ya yi shiru ne ya manta ba, wani kunyar dawowa hannu rabbana ce ta riƙe shi. Ka ce masa ya zo haka nan, ganinsa ake so.

Ku kuma yaranmu masu baiwar zane, da ɗinki, da sassaƙa, da ɗaukar hoto, baiwar nan amana ce, kwanakin amfani da ita kuma ƙidayayyu ne. Ku yi aiki mai kyau, ku fita duniya in ta kira ku, ku nuna mata abin da iyayenku suka iya. Amma ku riƙa tambayar kanku wa aikin zai amfana bayan an daina kiran sunanku. Ku koyar da wani. Ku ɗauki yaron da ba shi da gata ku sa masa sana'a a hannu. Suna yana gushewa, lambar yabo tana tsatsa, ilimin da ya shiga hannun wani kuwa yana ci gaba da aiki kana kwance.

Allah ya jiƙan iyayenmu da kakanninmu, waɗanda ke kwance a maƙabartun Gaya da Ajingi da waɗanda ƙasar wasu ta karɓa. Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu a hanya ba wanda ya san inda suke sai shi. Allah ya tsare matafiyanmu, ya ba su abin da suka fita nema ta hanyar halal, ya sada su da iyayensu ana raye. Ya ba mu ikon sauke haƙƙin juna kafin a raba mu, ya sa mu cika da kalmar shahada a duk ƙasar da ajali ya same mu. Amin.